Ba kowane jan mai ne man bwat ba: a daina kashe mana motoci

 Maganar da muka taɓo a shirinmu na safe lokaci ya katse ta, layin waya ya cika, wasu makanisiye sun ji haushinmu, wasu masu saurare kuma suka ce dan Allah mu ƙarasa. To ga ta a rubuce, wanda ya ji zafi ya yi haƙuri, amma ba mu janye ko kalma guda ba.

Abin da ya tayar da zancen shi ne wannan. Kwanakin baya da daddare wani bawan Allah ya ɗauko matar ƙanensa tana naƙuda daga wani ƙauye arewa da Maijirgi, zai kai ta asibitin Tasawa cikin Corolla otomatik. Sun sha yashi, sun fito kan kwalta, ba su yi nisa ba sai inji ya hau kuka, allura ta tashi sama, mota kuwa kamar an riƙe ta ta baya. Daga nan ta tsaya cak. Allah ya kawo wata motar kasuwa ta kwashe su, matar kuma ta sauka lafiya, alhamdu lillahi. Da aka bi sawu, sai aka gano makonni uku kafin nan an yi ma motar bidanjin bwat a wani garaji, da jan mai da aka tsiyayo cikin gorar ruwa marar suna marar lamba. Motar tasa kuwa irin mai bwat CVT ce, wadda wannan man ba nata ba ne ko kusa. Da aka tambayi yaron da ya zuba, sai ya ce: "Alhaji, ai jan mai jan mai ne."

Wannan jimla ita muke yaƙi da ita.

Jama'a, jan da kuke gani rini ne. Kamfanoni ne ke zuba ma man kala don a bambanta shi da man inji idan ya ɗiga ƙasa. Kalar ba ta gaya maka komi game da kaurinsa, ba ta gaya maka irin magungunan da aka haɗa a ciki ba. Wanda ya zaɓi man bwat da ido, kallon kitse yake yi ma rogo.

Mu da muka taso da 504 da Hilux masu lebiye da amburyaji mun saba man bwat aikinsa guda ne, ya jiƙa haƙora kar su ci juna. A otomatik ba haka ba ne. Man ne ke ɗaukar ƙarfin inji ya miƙa ma tayoyi ta cikin wata tukunya mai fanka da ake kira konbertisar. Shi ne ke bi ta ƴan ƙananan hanyoyi kamar jijiyoyi ya matse faya-fayan amburyaji na ciki don bitesi ta canza. Shi ne ke kwashe zafi ya kai wajen radiyata. Kuma dole ya kasance yana da santsi daidai gwargwado: in ya yi yawa faya-fayan su zame su ƙone, in ya yi kaɗan mota ta riƙa fizga tana dukan ka a baya duk lokacin da ta canza. Kowane kamfani ya auna wannan gwargwado ne da irin faya-fayan da ya sa a bwat ɗinsa. Shi ya sa man ya rarrabu.

Sunan da kowa ya haddace a kasuwa shi ne Dexron. Na kamfanin General Motors ne na Amurka, ya fito tun 1967, kuma shekara da shekaru motoci da yawa, har da tsofaffin Toyota na shekarun 1990, da shi suke aiki. Amma duniya ta wuce wurin. General Motors da kansa ya fitar da Dexron VI a 2005, ya daina ba da lasisin Dexron III daga ƙarshen 2006. Ma'ana duk bidon da ka gani yau an rubuta Dexron III, mai sunan ba ya tsaya masa, maganar wanda ya cika bidon ce kawai. Akwai na kirki a ciki, akwai na banza. Toyota, wadda ita ce ta cika hanyoyinmu daga Maraɗi zuwa Damagaram, tana da nata: Corolla ƴan Amurka na 2003 zuwa 2008 suna shan T-IV, waɗanda suka biyo baya daga 2009 suna shan WS, wanda ya fi ruwa-ruwa. Daga 2014 mafi yawan Corolla da ke fitowa daga can CVT ne, babu haƙoran bitesi irin na da, wani bel ne na ƙarfe ke gudu tsakanin kasake biyu, kuma mansa daban ne kwata-kwata. Ka zuba masa Dexron, bel ya riƙa zamewa yana kankare ƙarfe, abin da ya sami Alhajin da muka ba ku labari ke nan. Honda na da DW-1 wanda ya gaji Z1. Nissan masu CVT na da NS-2 da NS-3. Ina "jan mai jan mai ne" a nan?

Mun san inda ruɗun ya samo asali, kuma adalci ne mu faɗa. A Toyota da yawa Dexron ɗin nan shi ake zubawa a tukunyar sitiyari, ya yi aiki lafiya lau. Yaro ya ga maigidansa ya zuba a sitiyari, ya zuba a tsohuwar bwat, duka ba abin da ya faru, sai ya ɗauka magani guda ne na kowace cuta. Ba mugunta ba ce, ilimi ne da ya tsaya a 1998 motoci kuma suka ci gaba. Amma wanda ya karɓi kuɗin mutane ya buɗe bwat ɗinsu, rashin sani ba ya wanke shi.

Wani mai garaji ya kira mu a shirin, dattijo ne da muke girmamawa, ya ce: "Ɗana, kai kana cikin situdiyo da iska mai sanyi. Man Toyota na asali tsada gare shi, kuma tun da aka rufe iyakar Gaya da Malanbil a 2023 komi ya ƙara kuɗi. In na faɗi farashi mai mota gudu yake." Baba, gaskiyarka, mun ji, mu ma a kasuwar nan muke saye. Amma ba mu ce sai bidon mai tambarin Toyota ba. Abin da ake nema lamba ce. T-IV daidai yake da ma'aunin JWS 3309, WS kuma JWS 3324, kuma akwai manyan kamfanonin mai da ke rubuta waɗannan lambobi a bayan bidonsu. Ka juya bidon ka karanta. In mai mota ya ji farashi ya gudu, bar shi ya gudu, ya fi ka zuba masa abin da zai dawo yana tsine maka. Jika biyar ko goma da aka rage yau, gobe sai an sayar da bijimi kafin a sayo wata bwat ta hannu daga Kano ko Maraɗi, wadda ita ma ba wanda ya san irin wuyar da ta sha. Araha ba ta ado.

Masu tsiyayar mai daga duro zuwa gorar ruwa kuwa, da masu sayen tsofaffin bidon na asali su sake cika su su liƙe baki, ba mu da wata magana mai laushi gare ku. Ha'inci ne, ku ji tsoron Allah. Ku kuma masu mota, in an gama zuba muku mai ku huda bidon da wuƙa kafin ku bar shi a garaji.

To amma kar masu mota su yi ta tafi suna cewa mun wanke su. Rabin laifin naku ne, ko mu ce namu, don mu ma mun taɓa zama cikin masu cewa "bwat otomatik ba a taɓa ta, in ka taɓa ta ta mutu". Wannan magana ta kashe motoci fiye da jabun mai. Ga yadda take faruwa. Mutum ya bar mai shekara da shekaru har ya koma baƙi yana warin ƙuna, faya-fayan ciki sun cinye, garinsu ya cakuɗe da man ya mai da shi kamar kunu. Wannan garin ne ke ɗan riƙe bitesi. Sai ranar da mota ta fara zamewa ya ruga garaji a canza. An zuba sabo mai tsabta, ɗan abin da ke riƙewa ya tafi, mota ta ƙi motsi. Sai a ce sabon mai ya kashe ta. Ina! Gawa aka yi ma wanka. Maƙwabci ya ji labari, shi ma ya rantse ba zai taɓa tasa ba, haka abin ke ta zagayawa.

Wasu kuma masu ɗan karatu su ce littafin mota ya ce man na har abada ne. Har abadan wa? Wanda ya rubuta haka yana tunanin mai motar farko ne a Turai ko Amurka, kan kwalta mai santsi, cikin sanyi, wanda zai rabu da motar bayan ƴan shekaru. Mu ne masu karɓar ta bayan nan, ta sauka a tashar jirgin ruwan Kwatano ko Lome ta riga ta tsufa. Kuma ko a littafin, in ka duba shafin aiki mai wahala, za ka ga sun rage wa'adi. Man bwat yana son zafin da bai wuce wajen digiri 80 ba, duk abin da ya ƙaru a kai yana gaggauta lalacewarsa. Yanzu ka ɗauki watan Afirilu ko Mayu, rana ta haura digiri 40 a inuwa, mota ta ɗauki mutum bakwai da buhunan gero, tana nitso cikin yashin ƙauyukan Mayahi, direba na jefa ta D yana mayar da ita R don ta fita. Wace wahala ce ta wuce wannan? A ƙasarmu, mu dai shawararmu kar a wuce kilomita 40.000 zuwa 60.000 ba a sake ba. Kuma a kula, motar da ta fito daga Amurka da mil take ƙirga, mil guda kilomita 1,6 ne. In allo ya nuna 100.000, ta yi 160.000 ke nan, in ma ba a mayar da lambar baya ba kafin ta iso hannunka.

Dubawa ba ta buƙatar makanisiye. Ka tsayar da mota a wuri mai daidai bayan ta yi zafi, inji na aiki, ƙafa kan birki, ka zagaya da lebiye kowane harafi ka dawo P, ka zaro sandar awo. Masu Honda ku kuma sai an kashe inji a duba nan take. A Toyota sau da yawa sunan man na rubuce a jikin sandar, ba sai ka tambayi kowa ba. Ka goga a farin tsumma ka sunsuna. Ja ko ja mai ɗan duhu, lafiya. Ruwan ƙasa mai duhu, lokaci ya yi. Baƙi mai warin ƙonannen tuwo, bwat na jinya, kuma a nan kar ka bari a haɗa ta da injin nan mai tura mai da ƙarfi. In ka ga ya koma kamar madara mai ruwan hoda, ruwan radiyata ne ya shiga, kashe mota a wurin, kar ka ƙara ko mita ɗaya. Sababbin Camry da makamantansu ba su da sandar ma, ta wani bushon na ƙasa ake auna su a wani zafi ƙayyadadde, wannan kam sai wanda ya iya kuma yake da na'urar karanta zafin.

Abu guda da ko makanisiye da yawa ba sa gaya ma mutane: in an kwance bushon ba duka man ke fita ba. Bwat mai ɗaukar lita 7 ko 8, wajen lita 3 ce za ta zubo, sauran na maƙale cikin konbertisar da hanyoyin sanyaya. Don haka in an ce maka an canza duka da bidon guda, lissafi bai fita ba. Hanyar da ta fi sauƙi ga tsohuwar mota ita ce a zubar, a auna abin da ya fito, a mayar da daidai shi, ka yi ƴan kwanaki kana yawo, a sake, har sau biyu ko uku. In ana cire kaskon ƙasa a wanke mayen ƙarfen da ke ciki a duba matatar. Laka mai laushi ruwan toka a jikinsa ba komi ba ce, ɓarɓashin ƙarfe mai ƙyalli shi ne mugun labari. Cikawa fiye da kima ma cuta ce, man kumfa yake yi, kumfa kuwa ba ta matse komi.

Sai ɗabi'ar nan ta ɗaure otomatik da igiya a ja ta daga Maijirgi har Tasawa tayoyi na ƙasa inji a kashe. Famfon da ke zagaya man da inji yake juyawa. Inji a kashe, ƙarfe na gudu kan ƙarfe a bushe. Haka aka yi ma Corollar Alhaji washegari da safe, abin da jabun mai ya rage igiya ta ƙarasa shi.

Motar na nan ajiye ƙarƙashin bedi, an ɗora ta kan duwatsu, awaki na kwana a inuwarta, ana jiran bwat daga Kano. Mun gayyaci masu garaji uku da mai sayar da mai guda su zo situdiyo a shiri na gaba, kowa ya taho da bidon da yake sayarwa ko yake zubawa, mu juya bayansa mu karanta lambar tare a gaban makirfo. Biyu sun amsa. Ku kuma kafin ranar ku zaro sandar motarku, ku ɗauki hoton abin da ke rubuce a jiki da kalar da ta bari a tsumma, ku ajiye mana a nan ƙasa tare da shekarar motar.