Akawun da ba ya tambaya

A ƙarshen kowane wata, a biro-biro da manyan kantunan da ke riƙe lissafinsu cikin kwamfuta, akwai wani aiki da ake gamawa cikin ƙiftawar ido, alhali a zamanin babban rajista da alƙalami yakan cinye wa akawu kwana biyu ko uku. Wani ya aiko da jerin bayanai, ko na albashin ma'aikata, ko na kayan da suka shiga sito, ko na masu bashi, sai ma'aikaci ya danna maɓalli guda, layuka dubbai su zuba cikin rumbun bayanai ba tare da an sake buga ko harafi ɗaya ba. Shugaban ma'aikata ko maigidan kanti yakan karɓi takardar da ta fito ya sa hannu, domin a ganinsa inji ba ya kuskure. Abin da ya kamata ya sani shi ne, a bayan wannan maɓalli akwai wata ƙa'ida da wani mutum ya tsara wata rana, ya ajiye, ya tafi, kuma da ita injin ke aiki har yau, ko da jerin da ake aikowa ya daɗe da sake kama.

Manhajar da za a ɗauka misali ita ce Access, ta kamfanin Microsoft, wadda ta fara fitowa a shekarar 1992, kuma take aiki a kan kwamfutoci masu Windows. A cikinta ana ajiye bayanai a jadawali: kowane layi na kwance mutum guda ne ko kaya guda, kowane gurbi na tsaye kuma abu guda ne game da shi, kamar suna, ko kwanan wata, ko yawan kuɗi. Idan za a shigo da fayil daga waje karo na farko, manhajar kan yi tambayoyi ɗaya bayan ɗaya. Wace alama ce ke raba gurbi da gurbi? Layin farko sunayen gurabe ne ko kuwa bayani ne? A kwanan wata, rana ce gaba ko wata? Wannan gurbi lamba ne ko rubutu? Bayan an amsa, sai ta ba da damar a ajiye amsoshin. Daga wannan rana ta daina tambaya. Hausawa na cewa matambayi ba ya ɓata, to ga akawun da ya yi tambaya sau ɗaya tak a rayuwarsa.

Ɗan kasuwan kudancin Nijar yana da dalili na musamman na lura da wannan batu, sabili da yana zaune tsakanin al'adun rubutu biyu. Kwamfutar da aka daidaita bisa tsarin Faransanci tana sa waƙafi tsakanin cikakkiyar lamba da ɓurɓushinta, don haka idan Excel ya fitar da fayil irin na CSV a kanta, da waƙafi mai ruwa yake raba gurabe. Wadda aka daidaita bisa tsarin Ingilishi, kamar yadda aka saba a Kano da Katsina, ɗigo take sawa a ɓurɓushin lamba, waƙafi kuma shi ne mai raba dubbai da mai raba gurabe. Tun ranar 1 ga Janairun 1999 an tsayar da darajar yuro guda a kan sefa 655,957, wato sefa 655 da ɗan abin da bai cika sefa guda ba. Idan ƙa'idar da aka ajiye ta ɗauki waƙafi a matsayin mai raba gurabe, sai wannan lamba ta tsage biyu, 655 a gurbi guda, 957 a na gaba. Mai karatun da ya saba da tsarin Ingilishi kuwa zai ga dubu 655 da 957, wato an ninka kuɗin har sau dubu.

Kwanan wata ya fi wannan haɗari, domin kuskurensa ba ya da hayaniya. A Nijar da Najeriya duka, rana ake fara rubutawa sannan wata, amma kwamfutoci da yawa suna zuwa da tsarin Amurka, inda wata ke gaba. Idan aka rubuta 03/04/2025, ga mutumin Damagaram 3 ga Afrilu ke nan, ga injin da ke bin Amurka kuwa 4 ga Maris. A kowane wata, ranakun 1 zuwa 12 suna iya karantuwa a matsayin watanni, wato ranaku 144 a shekara. A cire 12 da ba su sakewa ko an juya su, irin su 5 ga Mayu da 9 ga Satumba, sai a sami ranaku 132 a kowace shekara da za su iya juyewa ba tare da manhajar ta ce uffan ba. Ranar cikar wa'adin bashi, ranar kama aiki, ranar da kaya suka ƙetare duwan, duk suna iya matsawa da watanni. Shekarar da aka rubuta da lamba biyu ita ma tana da nata tarko, domin Windows ne ke yanke ƙarnin da za ta faɗa, kuma ɗan fanshon da aka haifa a farkon rabin ƙarni na 20 yana iya zama wanda ba a haifa ba tukuna.

Sai batun irin abin da kowane gurbi ke ɗauka. A ranar farko, manhajar kan duba layukan farko kaɗan ta yi hasashe, kuma sau da yawa ma'aikaci kan amince da hasashen ba tare da ya duba ba. Ƙaramin gurbin cikakkiyar lamba ba ya ɗaukar abin da ya wuce 32 767, wanda a kuɗin sefa bai kai jikka 33 ba. Babban gurbin yana tsayawa a 2 147 483 647, adadin da kasafin wata ma'aikata ke iya hayewa. Lambar wayar salula ta Najeriya tana da lambobi 11 kuma da sifiri take farawa, to idan aka ɗauke ta a matsayin lamba ta lissafi sifirin zai ɓace, don haka ita da lambar ma'aikaci da lambar asusu duk gurbin rubutu ya dace da su. Haruffa ma suna da tasu ƙa'ida. Fayil da aka rubuta da tsarin UTF-8, idan aka karanta shi da tsohon tsarin Yammacin Turai, sunan Gouré yakan koma GourÃ©, kuma a wannan tsohon tsari babu gurbin ƙ, ɗ, ɓ da ƴ ko kaɗan. Mutumin da sunansa ya lalace haka yakan zama mutum biyu a cikin rumbu, ko kuma a neme shi a rasa.

A ɗauki misalin wani ɗan kasuwa a Maraɗi wanda wakilinsa na Yamai ke aiko masa da jerin kaya kowane sati, mai gurabe huɗu: lambar kaya, suna, yawa da farashi. Wata rana wakilin, da kyakkyawar niyya, ya ƙara gurbin nauyi tsakanin suna da yawa. Ƙa'idar fayil ɗin rubutu tana bin gurabe ne bisa jerinsu, na ɗaya, na biyu, na uku. A ce buhu 400 ne na shinkafa, kowane kilo 50, a kan jikka 22. Sai 50 ya shiga gurbin yawa, 400 ya shiga gurbin farashi, farashin gaskiya kuma ya rasa wurin zama. Kayan miliyan 8 da jikka 800 sun koma na jikka 20, abin da bai kai kuɗin buhu guda ba, kuma da yake lamba ce ta maye gurbin lamba, injin bai ga abin ƙorafi ba. Irin wannan babban giɓi ana gano shi da wuri, amma galibi kafin a gane an riga an zargi mai gadin sito ko yaron kanti. Ƙaramin giɓi kuwa yana iya kwana shekara.

To yaya ake gyara ƙa'idar da aka ajiye? Abu na farko da ya wajaba a gane shi ne, a cikin Access ajiya iri biyu ce, kuma rashin bambanta su shi ke ɓata wa mutane da yawa lokaci.

Iri na farko ita ce tsohuwar ƙa'idar fayil ɗin rubutu. Ba ta da wata taga tata ta musamman da ake buɗewa kai tsaye. Sai an shiga sashen «Données externes», a yi kamar za a shigo da fayil ɗin rubutu sabo, idan tagar tambayoyi ta buɗe a danna «Avancé» a ƙasanta. A nan ake kiran jerin ƙa'idojin da aka ajiye, a zaɓi wadda ake so, a sake alamar raba gurabe, ko jerin rana da wata, ko alamar ɓurɓushin lamba, ko tsarin haruffa, ko irin kowane gurbi, ko a ce a tsallake wani gurbi gaba ɗaya. Bayan haka a ajiye ta da sunanta na da, sannan a fasa shigowar idan gyara kawai aka zo yi. Waɗannan ƙa'idoji suna zaune a cikin wasu ɓoyayyun jadawali biyu, MSysIMEXSpecs da MSysIMEXColumns. Gwani na iya taɓa su da hannu, amma wanda bai ƙware ba gara ya bi ta tagar. Kuma idan aka ƙaura zuwa sabon rumbu, ba su bin jadawali da kansu, sai an zaɓi a kwaso su tare.

Iri na biyu ta zo ne da Access na 2007. A ƙarshen shigowa manhajar kan tambaya ko a ajiye matakan da aka bi, kuma abin da aka ajiye yakan bayyana a ƙarƙashin «Importations enregistrées». A wannan taga abu uku kaɗai ake iya sakewa: sunan aikin, ɗan bayanin da ke ƙasansa, da wurin da fayil yake a cikin kwamfuta. Wannan ya isa idan jaka aka sake ko sunan fayil ya canza. Sauran ƙa'idojin kuwa suna ƙunshe cikin wani rubutu irin na XML da tagar ba ta nunawa. Hanya biyu ce ta rage. Ko dai a sake shigowar daga farko da amsoshi na daidai, a ajiye da sabon suna, a goge tsohuwar, ko kuma wanda ya iya harshen VBA ya fito da rubutun, ya gyara shi, ya mayar. Ga fayil ɗin Excel babu maɓallin «Avancé», saboda haka wannan iri na biyu kaɗai ke gare shi, kuma idan za a ƙara shi kan jadawalin da ke akwai, tilas sunayen da ke layinsa na farko su dace da na gurabe.

Babban tarkon yana tsakanin irin biyun. Matakan da aka ajiye suna ɗauke da kwafin amsoshin ranar da aka ajiye su. Ma'aikaci zai iya gyara tsohuwar ƙa'ida tsaf, ya danna maɓallin da ya saba, ya ga kuskuren jiya yana nan daram, sai ya ce injin ya lalace, alhali kuwa wata takarda ya gyara, injin kuma wata yake karantawa. Kafin a taɓa komi, a fara gano wanne daga cikin biyun maɓallin ke kira.

Akwai matakan kariya da ba su buƙatar gwaninta. Kafin kowane gyara a yi kwafin rumbun gaba ɗaya a ajiye gefe, domin layukan da aka riga aka zuba ba su da maɓallin komawa baya, kuma idan aka danna sau biyu za su shiga sau biyu, sai fa in akwai gurbin da aka hana maimaici. Kada baƙon fayil ya shiga babban jadawali kai tsaye: a yi masa jadawalin zango, ya sauka can, a duba shi, sannan a wuce da shi. A ƙirga layukan da suka shigo a gwada da na mai aikowa, a tara jimillar kuɗi a gwada da tasa. A duba ko manhajar ta buɗe jadawalin kurakurai, domin idan wani bayani ya ƙi shiga gurbinsa takan bar gurbin fayau, ta rubuta lambar layin da sunan gurbin a can gefe, inda ba kowa ke leƙawa ba. A ƙarshe a buɗe fayil ɗin da manhajar rubutu ta gama-gari, a karanta layuka biyar na farko da ido, abin da ba ya cin minti biyu.

Sauran aikin na shugabanni ne. Ya kamata kowace ma'aikata da kowane kanti su mallaki takarda guda, a rubuce, mai bayyana kamannin fayil ɗin da ake jira: gurabe nawa ne, a wane jeri, da wace alama, da wane tsarin kwanan wata. A ba mai aikowa kwafi, a yi yarjejeniya cewa ba zai sake komi ba sai ya sanar. A rubuta ranar da aka yi kowane gyara da dalilinsa, domin ma'aikacin gwamnati ana iya yi masa canjin wurin aiki daga Tawa zuwa Diffa cikin sati guda, yaron da ya tsara wa kanti rumbunsa kuma yana iya tafiya neman na kansa, ƙa'idar da suka ajiye ta zauna ba mai sanin cikinta. Ranar da masu bincike suka zo, ko abokin ciniki ya ce bai yarda da lissafi ba, ba kwamfuta za a kira ta amsa ba, wanda ya sa hannu a ƙasan takarda shi za a kira. Shi ya sa ya dace, kafin ya sa hannun, ya tambayi akawunsa abu biyu: layi nawa aka aiko, layi nawa suka shiga.