Wa zai tsaya wa lakwal ɗinmu?

A 1835, ƴan majalisar jihar Fensilbaniya ta Amurka sun tashi soke dokar karatu kyauta, wai haraji ya yi yawa. Thaddeus Stevens, lauya, ɗan talakawa, ya miƙe ya kare ta har ya juya ƙuri'a. Dokar ta tsira.

Mu fa? A Nuwamba 2021 gobara ta kashe yara sama da 20 cikin azuzuwan zana a Maraɗi. Ni kam ban yarda "babu kuɗi" amsa ce ba. Matasan Jiratawa, duk mai neman kujera gobe ku tambaye shi: aji nawa na siminti za ka gina, kuma yaushe? In ya fara kame-kame, ku mayar masa da atamfarsa.