'Yan Ba-Ruwanmu Da Ƙwallon Ikpeba

Ya ku 'yan'uwana ɗalibai, akwai wata gardama da ta ƙi ci ta ƙi cinyewa tsakanin masu sha'awar aikin jarida: idan alƙalin wasa ya yanke hukunci mai jawo ce-ce-ku-ce, yaya ya kamata a ba da labarin? Wasu sun ce adalci shi ne a kawo ta bakin kowane ɓangare, sa'an nan a tsuke baki. Ni kuwa na ce wannan tsoro ne aka naɗa wa rawani.

Mu ɗauki wasan ƙarshe na cin Kofin Afirka, ranar 13 ga Fabrairu, 2000, a Legas. Nijeriya da Kamaru suka tashi 2 da 2, aka shiga bugun fenariti. Ƙwallon Victor Ikpeba ta bugi ƙarfen sama, ta faɗa bayan layi, ta fito. Alƙali Mourad Daami, mutumin Tunisiya, bai ba da ita ba. Kamaru ta ɗauki kofi da ci 4 da 3. Hoton talabijin ya nuna ƙwallon ta haye layi. To, wanda ya rubuta "wasu na cewa ta shiga, wasu na cewa ba ta shiga ba", wane adalci ya yi? Ya ga gaskiya da idonsa, ya boye ta a aljihu.

Amma kada masu ihun kishin ƙasa su yi murna, don su ma da nasu kashin a gindi. Masu cewa "an sayar da wasa", ina shaidarsu? Masu cewa "an ƙwace mana kofi" sun manta Nwankwo Kanu ma ya ɓarar da nasa bugun, kuma ko da an ba da ta Ikpeba, 4 da 4 za a tsaya, a ci gaba da bugu. Kuskuren alƙali tabbas ne. Niyyarsa da makomar wasan gaibu ne.

Cutar nan ba mu kaɗai take damu ba. A wasannin Olamfik na hunturu na 2002 a Amurka, Kim Dong-sung na Koriya ta Kudu ya zo na ɗaya a tseren sulu kan ƙanƙara na mita 1500, alƙali ya soke nasararsa bisa laifin tare hanya, aka ba Apolo Ohno ɗan Amurka zinariya. A nan hukuncin fassarar doka ne, don haka wajibi ne a kawo hujjar kowa. Na Ikpeba kuwa magana ce ta layi, ba ta da fassara biyu. Aikin ɗan jarida ke nan, ya bambance su.

Me ya shafe mu? Ku tuna da mutanen Batsari da Safana. A 2021, lokacin da aka katse layukan wayar salula a can saboda matsalar tsaro, rediyo ya zama idonsu. Abin da mai rahoto ya faɗa, shi za a maimaita a kasuwa da majalisa. Wanda ya saba yin kwana-kwana a kan ƙwallo, me zai yi ranar da aka aike shi ƙirga ƙuri'a ko ƙirga gawa?

Gobe mu ne a gidajen rediyo da ofisoshin watsa labarai. Abin da ya tabbata mu faɗe shi ƙarara, abin da bai tabbata ba mu kame bakinmu. Allah ya sa mu gane, amin.