Sai Mun Biya Fam Kafin Mu Nuna Kakanninmu?

Wai shin 'yan'uwa marubuta, mun taɓa tambayar kanmu ina hotunan majigin da aka ɗauka a ƙasar nan suka shige? Hawan dabar da aka yi wa Sarauniyar Ingila a Kaduna a 1956, da dawaki da lifidi da algaita, duk an ɗauka. Bikin samun mulkin kai a 1960 ma haka. Da yawa daga cikinsu suna can Landan, a hannun kamfanoni irin su British Pathé da Reuters.

Kallo dai kyauta ne, don a 2014 British Pathé ta zuba fina-finai wajen 85,000 a YouTube. Amma ranar da ɗayanmu ya rubuta fim na tarihi, yana son ya saka ɗan guntun hawan nan a ciki, to ranar zai san ruwa ba sa'an kwando ba ne. Za a ƙirga masa tsawon abin da ya ɗiba, a tambaye shi ƙasashen da zai nuna, da shekarun da yake so, a talabijin ne ko silima ko intanet. Kowanne da kuɗinsa, kuma da kuɗin waje. Mahayin dokin da ke cikin hoton watakila kakan marubucin ne, sisi ba a ba shi ba.

Abin da ciwo. Sai dai mu faɗa wa kanmu gaskiya: su sun adana, mu fa? Fim ba ya son zafi da laima, in ya fara warin tsami ya kama hanyar lalacewa ke nan. Su sun kashe kuɗi a ɗakunan sanyi, sun jera komai da lamba. Mu kuwa, dubi Shaihu Umar, fim ɗin da Adamu Halilu ya yi a 1976 daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa. Shekara da shekaru ana ɗaukarsa ɓatacce, sai daga baya aka tsinto shi cikin tarin gwangwanayen fim, aka gyara shi da taimakon cibiyar Arsenal ta Jamus, aka nuna shi a bikin fina-finan Balin a 2018. Littafin namu, harshen namu, amma sai da baƙi suka sa hannu. Haba jama'a!

Akwai kuma abin da kamfanonin nan ba su da shi. Sau da yawa bayanin da ke jikin hotunansu bai wuce "wani basarake" ko "'yan ƙasa" ba. Wane sarki ne, wace ƙofa ce, wane makaɗi ke waƙar, dattawanmu ne suka sani, kuma kullum raguwa suke yi. Muna kira ga kowane reshe na ƙungiyar nan ya ware zama guda, a kunna hotunan a gaban dattawan gari, a rubuta sunaye, a aika kwafi ma'ajiyar fina-finai ta ƙasa da ke Jos. Da wannan rubutun a hannu ne za mu iya zama da kamfanonin mu nemi rangwame ga masu fim na gida.