Kafin ka goge wasan yaro daga waya

Malami ya turo darasi ta WhatsApp, uba ya taɓa, waya ta ce babu wuri. Wannan ya zama ruwan dare a gidajenmu, musamman idan jarrabawar BEPC ta ƙarato. Waya ɗaya ce ta kowa da kowa, idan mai giga 32 ce, tsarin Android ya riga ya ci rabonsa. Wasa irin PUBG Mobile kaɗai yana haura giga 2.

A ganina a goge wasannin da aka daina bugawa, amma a gaban yaron. Ku duba nauyin kowane wasa tare, ya zaɓi ɗaya da zai bari, sauran ya cire da hannunsa. A lura, janye hoton wasa daga fuskar waya ba ya fitar da shi daga ciki.

Yaron da aka goge wa wasa a ɓoye, gobe zai sake sauke shi da kuɗin intanet ɗinka. Mu iyaye ma mu duba namu: bidiyon biki da muka tara wani lokaci ya fi wasannin ƴaƴanmu cin wuri. Mu fara sharar daga nan.