Littafin Farko: Kafin Ka Sa Masa Kuɗi, Wa Ya Saurare Shi?

A zaman ƙungiyarmu na nan Jahun, tambayar da sababbin marubuta suka fi yi mana ita ce: "Na gama littafina, yaushe zan sake shi?" Da mun tambayi mutum ko wa ya karanta masa, sai ya ce babu, wai kada a sace masa labari. Wannan makon za mu aro darasi daga mawaƙa, domin kundin waƙoƙi na farko da littafin farko matsalarsu ɗaya ce.

A Yamai, babban birnin Nijar, akwai ƙungiyar makaɗan jita mai suna Tal National, masu waƙa da Hausa da Zabarmanci da Fulatanci da Buzanci. Hamadal Moumine, wanda aka fi sani da Almeida, shi ya kafa ta a shekarar 2000, kuma ya yi aikin alƙali a kotu. Kundinsu na farko, Apokte, bai fito ba sai 2006. A tsakanin nan ba zama suka yi ba. An san su da yin wasa dare biyar a mako, sa'o'i biyar a tsaye, a wurin biki da suna da taro. Duk waƙar da ta shiga faifai ta riga ta sha gwaji a gaban mutanen da in ba ta yi musu ba za su tashi su tafi. Da faifan ya fito, babu kamfanin da zai rarraba musu, sai suka riƙa sayarwa da hannunsu a shataletalen Yamai. Sai a 2013 kamfanin FatCat na Ingila ya fitar da kundinsu Kaani ga sauran duniya, shekara 13 da farawa.

A Ingilar ma haka abin yake. Ana yawan ba da labarin cewa Beatles, samarin nan huɗu na Liverpool, sun naɗi kundinsu na farko a yini guda. Da gaskiya a ciki: ranar 11 ga Fabrairun 1963 suka naɗi waƙoƙi 10 cikin 14 a situdiyon EMI da ke Landan, kundin ya fito ranar 22 ga Maris, ya yi mako 30 yana kan gaba a kasuwa. Abin da ba a cika faɗa ba shi ne tun 1960 suke kwana suna kiɗa a Hamburg ta ƙasar Jamus, sun kuma yi wasa kusan sau 300 a wani ɗan gidan rawa na garinsu. Kamfanin Decca ya saurare su a farkon 1962 ya ce bai so. Furodusansu George Martin ma, da ya ji waƙar da kundin ya ci sunanta, cewa ya yi tana jan jiki, a ƙara mata sauri. Suka ji magana, ta zama bakandamiya.

Ba kiɗansu muka zo tallatawa ba. Abin lura shi ne yinin nan guda girbi ne kawai. Duk wanda ya taso a fadamun yankinmu ya san ana iya yanke gonar shinkafa a kwana biyu, amma daga zuba iri zuwa dashe zuwa korar tsuntsu, watanni ne.

To mu fa? Yau marubuci zai rubuta shafi da dare a waya, ya tura shi WhatsApp da asuba ko sake dubawa bai yi ba. Kafin shafi na goma ya sa lambar asusu ya ce daga nan sai an biya. Mun ga labarin da aka binne kakar jaruma a tsakiya, can gaba sai ga ta tana rabon goro a wurin ɗaurin aure. Mun ga "ƙasa" ta koma "kasa", "ɓata" ta koma "bata", ma'ana ta kife. Wanda ya biya kuɗinsa ya tarar da haka ba zai yi faɗa ba. Sunan zai riƙe, in ya sake ganinsa ya wuce. Asarar ke nan: littafi na biyu ko ya fi zuma, na farko ya riga ya kore masa kasuwa.

Wani zai ce ai masu karatu a waya su ne jama'armu, nan ne wurin gwajinmu. Mun yarda da rabin maganar. Amma mai rubuta "ci gaba don Allah" bai gaya maka inda ya gaji ba, wanda ya gaji kuwa shiru yake yi ya fice. Makaɗi yana ganin mai hamma da idonsa. Sannan daga ranar da ka karɓi kuɗi, gwaji ya ƙare, ciniki ake yi.

Wani kuma zai ce in ana jiran gyara ba za a taɓa fitowa ba. Wannan ma cuta ce, muna da masu ita, shekara biyar littafi na cikin jaka. Su ma akwai nasu darasin. Ranar naɗin nan John Lennon mura yake yi, waƙar ƙarshe da dusasshiyar murya ya rera ta, a haka aka sake ta. Abubakar Imam yana da shekara 22 ya rubuta Ruwan Bagaja don gasar 1933, amma sai da ya bi ta hannun edita, Rupert East, a Zariya. Ƙuruciya ba ta hana fitowa, fitowa kuma ba ta hana gyara.

Shawararmu uku ce. Ka karanta babi uku na farko da babbar murya a gaban mutum biyar waɗanda ba sa jin nauyinka, ka sa alama duk inda wani ya ɗauki wayarsa. Ka ba mutum ɗaya da ya san ƙa'idar rubutun Hausa dukkan littafin, ka ba shi ikon cewa a cire. Sannan ka yanke ranar fitarwa, in ta zo ka sake shi ko da sauran abin da ke ci maka rai.

Mai tsoron sata kuma ya sani, rubutun da mutum goma suka ji daga bakinka ya fi wanda ke ɓoye a waya shaidu. Mu dai a zamanmu na gaba, duk mai sabon littafi da babinsa na farko zai zo, ya tashi tsaye ya karanta. Allah Ya ƙara mana basira.