Ku Kashe Data, Ku Kori Talla: Kira ga Jama'ar Garwa da Arewacin Kamaru

'Yan'uwana na Garwa! Mutanen Yelwa da Fulɓere, mutanen Rumde Ajiya da Pumpumre, na Lainde da Jambutu, ku matso kusa. Na Marwa da Ngaundare, na Gidar da Mokolo da Kuseri, ku ma da ku nake. Maganar wayar da ke aljihunku ce. Maganar wasannin da ke cikinta ce, da tallace-tallacen da suka cika mana ido, suka lashe mana data, suka tsaya a gaban 'ya'yanmu ba da izininmu ba.

Ya isa haka! Wallahi ya isa!

Kowa ya san abin. Ka buɗe wasa don ka ɗan sarara. Ka haye mataki ɗaya, talla. Ka faɗi, talla. Kana son a ƙara maka rai, sai an ce ka kalli bidiyo na daƙiƙa 30 tukuna. Bidiyon ya ƙare, ka shiga neman alamar X ta rufewa. Tana can ƙuryar allo, 'yar mitsitsiya, launinta ya saje da na bango. Ka kai yatsa, ya ɗan kauce, sai ka tsinci kanka a Play Store ana tura maka wani wasan da ba ka nema ba. Wani lokaci ma alamar ta bogi ce, ta gaskiyar sai daga baya take fitowa. Da gangan aka tsara shi haka. Yatsanka ake farauta.

An ce mana wasan kyauta ne. To wa ke biya? Mai wasan yana samun kuɗi ne da yawan tallan da ka kalla da wanda ka danna. Duk lokacin da ka tsaya, kafin ƙiftawar ido kamfanonin talla sun yi gwanjon allon wayarka, wanda ya fi tayi shi ne zai bayyana. Kuma kowane bidiyon talla sai an sauke shi daga intanet. Da datar wa? Da taka! Kai ka sayi wayar. Kai ka sayi datar. Kai ka yi cajin. Wani can a wata ƙasa shi ke karɓar ladan.

Ku dubi ɗan'uwanmu mai mashin ɗin haya. Tun asuba yake kan hanya. Rana ta take, ya faka a inuwar dogonyaro kusa da babbar kasuwa, ya sayi data ta sefa 500 don fasinjojinsa su same shi a WhatsApp. Kafin wani ya kira, ya ce bari ya taɓa ludo. Wasan kansa ba ya cin data sosai. Bidiyoyin da ke shigowa tsakanin zagaye da zagaye su ne ke zuƙe ta. La'asar ba ta yi ba sai ga saƙo: datarka ta ƙare. Wayar ta yi zafi a hannu, batir ya koma ja. A watan Maris da Afrilu, lokacin da zafin Garwa ke haura digiri 40, ruwan madatsar Lagdo mai ba mu wuta ya ja baya, wuta tana zuwa tana ɗaukewa, kun san darajar layi ɗaya na caji. A kan talla za mu ƙone shi? A'a!

Amma abin da ya fi ci mini rai, 'ya'yanmu ne. Iyaye mata, ku saurara. Yaro yana ƙiriniya, tuwo yana kan wuta, sai a miƙa masa waya ya yi shiru. Ba laifinku ba ne, aiki ne ya yi yawa. Sai dai ku tuna, 'yar tallar unguwa sallama take yi daga soro. In an ce ba a so, ta wuce gaba. Wannan tallan kuwa ba sallama, ba gafara dai, har tsakar ɗaki yake shiga ya zauna a cinyar yaro. Me yake nuna masa? Caca a kan ƙwallo. Manhajar bashi mai alƙawarin kuɗi nan take. Wasan da wai za ka yi arziki da shi kana kwance. Hotunan mata tsirara-tsirara waɗanda babba ma zai kau da kai. Yaro ɗan shekara shida bai san wannan talla ba ne. A wurinsa duk wasa ne. Abin da ya yi walƙiya, shi zai danna.

Ƙasarmu tana da dokar wasannin kuɗi da caca ta 2015, wadda ta hana yara shiga wannan harka. Tana da dokar kare yara a intanet ta ranar 25 ga Yulin 2023. Alhamdulillahi. Amma doka ba ta zaune a tsakar gidanki bayan isha'i. Ke ce a zaune. Kai ne a zaune, maigida. Tsaron yana hannunmu.

Ga kuma katin waya da ke ɓacewa ba ka kira kowa ba. Dannawa ɗaya a kan muguwar talla, ko manhaja mara asali, ta isa ta yi maka rajistar wani abu da za a riƙa cirar maka kuɗi kullum. Wannan ba tatsuniya ba ce. A watan Agustan 2020 kamfanin Upstream mai bin diddigin zambar waya ya bayyana cewa ya gano muguwar manhaja a wayoyi 53,000 samfurin Tecno W2 da aka sayar a Kamaru da Habasha da Masar da Ghana da Afirka ta Kudu, tana yi wa mutane rajista ba da saninsu ba. Kamfanin da ke ƙera wayar ya ce an cusa manhajar ne a hanya, shi ma bai sani ba. In waya sabuwa fil za ta iya zuwa da irin wannan, ina ga wadda muka cika da wasannin da ba mu san mai su ba?

To me za mu yi? Mu naɗe hannu? Mu da muka riga muka gwada ƙarfinmu! Ku tuna watan Afrilun 2023. 'Yan Kamaru suka gaji da tsadar data da rashin ingancin layi, suka yi shiri, suka riƙa sa wayoyinsu a Mode avion, wato maɓallin jirgin sama mai katse layi, daga ƙarfe 12 na rana zuwa 2. Ba jifa, ba ƙona taya, maɓalli ɗaya kawai. Gwamnati ta kira kamfanonin sadarwa zama. A watan Mayun shekarar hukumar kula da sadarwa ta ART ta ci kamfanoni huɗu tarar sefa biliyan 6 saboda rashin ingancin aiki. Wannan maɓallin yana nan a wayarka. Bai tafi ko'ina ba. Yau kan talla za mu juya shi.

Kafin ka buɗe wasa, ja allo daga sama. Danna alamar jirgin sama. Ko ka kashe data da Wi-Fi duka biyu. Sannan ka buɗe wasan. Shi ke nan! Talla ba ta da hanyar shigowa in ba intanet. Ludo King da kuke yi ku huɗu a waya ɗaya ba ya buƙatar layi. Subway Surfers ba ya buƙata. Temple Run ba ya buƙata. In wata talla ta riga ta ɓuya a cikin wayar, za ta fito sau ɗaya ko biyu ta ƙare. Kar ka manta da tsarin: kashewa tukuna, buɗewa daga baya. Za ki ba yaro waya? Kashe tukuna. Za ka ba ƙaninka? Kashe tukuna. Za ka zauna a teburin mai shayi ka taɓa wasa? Kashe tukuna!

Wani zai ce, ni fa ina jiran kira. To kar ka sa Mode avion, data kaɗai za ka kashe, kira zai shigo. Wani zai ce, ni saƙon WhatsApp nake jira. Wayoyi da yawa suna ba ka damar hana manhaja ɗaya taɓa intanet ka bar sauran. Shiga Paramètres, nemi jerin manhajoji, zaɓi wasan, rufe masa data. In ba ka gane wurin ba, ka tambayi yaron unguwa da ya iya. Tambaya ba abin kunya ba ce.

Akwai wasannin da dole sai da layi, irin su Free Fire da ƙwallon da ake karawa da wani a nesa. Su ma da maganinsu. Duk wayar da ke da Android 9 zuwa sama tana da wuri mai suna DNS privé a sashen hanyar sadarwa. Buɗe shi, ka rubuta dns.adguard-dns.com, ka adana. Kyauta ne. Yana tare yawancin hanyoyin da talla ke biyowa, a wasa da wajen wasa. Ka sani dai, bidiyon nan da kake kallo a ba ka ƙarin rai shi ma zai daina zuwa. Bari ya tafi! Ran da ka saya da daƙiƙa 30 na rayuwarka ta gaskiya ya yi tsada.

Ka kuma shiga Paramètres, ka taɓa Google, ka nemi Annonces, ka goge lambar talla da ake bin sawunka da ita. Gogewar ba za ta rage yawan tallan ba, amma za a daina tara bayanin abin da kake yi ana sayarwa da wannan lambar. Ka kashe sanarwar kowane wasa, don kar ya riƙa tashinka da tsakar dare yana cewa ka dawo.

Kafin ka sauke sabon wasa, karanta abin da ke ƙarƙashin sunansa. In ka ga an rubuta Contient des annonces, an gaya maka gaskiya tun farko. Duba abin da mutane suka rubuta a kansa. In kowa kukan talla yake, wuce. Kuma don Allah, matasa, ku guji wasannin nan da ake turawa ta Xender ko ta rukunin WhatsApp wai an fasa su an cire talla an cika su da zinare. Ba ku san wanda ya fasa ba. Ba ku san abin da ya zuba a ciki ba. A wayar nan fa MoMo ɗinku yake, a cikinta Orange Money ɗinku yake. Kwaɗayi mabuɗin wahala!

Wasan da tallansa ya fi wasansa yawa, goge shi. Yau. Kar ka ji tausayinsa.

Ban ce masu ƙirƙirar wasa kar su ci guminsu ba. Mu 'yan kasuwa ne, mun san haƙƙin sana'a. In wasa ya yi maka, kana yinsa kullum, kuma yana da zaɓin biya sau ɗaya a cire talla har abada, in kana da hali ka biya. Wannan ciniki ne na mutunci, ka san abin da ka bayar, ka san abin da ka karɓa. Akwai ma waɗanda ba talla a cikinsu sam, kamar Lichess na masu son wasan dara irin na Turawa. Abin da muka ƙi shi ne yaudara. Kuma ba mu kaɗai muka ƙi ba: a Disamban 2022 hukumar kare masu sayayya ta Amurka ta sa kamfanin Epic Games, mai wasan Fortnite, biyan dala miliyan 520 kan tattara bayanan yara da kuma maɓallan da ke jefa mutane cikin sayayyar da ba su yi niyya ba. Su can suna da hukumar da za ta karɓo musu. Mu nan mu fara da abin da ke hannunmu.

Iyaye maza, ku sa kalmar sirri a kan duk wata sayayya a Play Store. Ku sauke Family Link, kyauta ne, da shi za ku zaɓi abin da yaro zai sauke da tsawon lokacin da zai yi. Ku zauna kusa da shi ku ga wasan da idonku ko na kwata ɗin awa ne. Iyaye mata, ku faɗa wa kishiya, ku faɗa wa maƙwabciya, ku faɗa a gidan suna, ku faɗa a wajen adashi. Kakanni, ku jawo jikoki jikinku. Dara tana nan, langa tana nan, gaɗa tana nan, ƙwallon yamma a fili tana nan. Garin da ya haifi ƙungiyar ƙwallo ta Coton Sport, garin da ya karɓi baƙuncin gasar cin kofin Afirka a filin Rumde Ajiya a 2022, bai kamata yaransa su san ƙwallo ta tallar caca kawai ba.

Masu gyaran waya, masu sayar da kati, masu zuba wa mutane waƙoƙi da wasanni a kasuwa, ku ne kan gaba a wannan yaƙin. Duk wayar da ta zo hannunku, ku nuna wa mai ita alamar jirgin nan. Ku saita masa DNS. Minti biyu ne. Kar ku zuba wa ɗan mutane abin da ba za ku zuba wa naku ba. Malaman makarantu, na boko da na Islamiyya, ku ware wa wannan magana ɗan lokaci a aji. Limamai da fastoci, ku taɓo ta a wa'azi. Masu magana a gidajen rediyon Garwa da Marwa da Ngaundare, ku faɗe ta da Hausa, ku faɗe ta da Fulatanci, ku faɗe ta da Faransanci, har ta isa ƙauyukan auduga.

Kai da ka iya, koya wa biyar. Ke da kika gane, nuna wa biyar. Su ma su nuna wa biyar.

Kar ku jira gobe. Ku ɗauko wayar yanzu. Ku ƙirga wasannin da ke ciki. Ku goge waɗanda suka dame ku. Ku kashe sanarwa. Ku sa kalmar sirri. Ku duba ko akwai rajistar da ke cin katinku, ku soke ta. Ku kira yaran gida, ku nuna musu alamar X ta bogi, ku ce musu kar su ƙara danna abin da ba su sani ba. Sannan ku leƙa gidan maƙwabci ku ce masa: "Malam, kawo wayarka in nuna maka wani abu."

Garwa, tashi! Marwa, tashi! Ngaundare, tashi! Daren yau, kafin yaro ya karɓi waya, a kashe data!